Yadda za ka zaga Lubek da ɗan jagora naka kai kaɗai ba tare da kuɗinka ya tafi a banza ba

In kana Hambag ta ƙasar Jamus, ko karatu ya kai ka ko aiki ko ka je duba motoci, to Lubek tana nan kusa da kai, tafiyar wajen minti 45 ce a jirgin ƙasa daga babbar tashar Hambag. A taswira da jikin tikiti za ka ga an rubuta Lübeck, haka za ka nema. Yawancin masu zuwa abu ɗaya suke yi, su sauka su ɗau hoto a gaban ƙofar nan mai hasumiya biyu, su sayi alewar garin, su koma, kuma in ka tambaye su me suka gani sai su ce tsofaffin gine-gine na jan bulo. Alhali garin nan shi ne ya shugabanci kasuwancin arewacin Turai na ɗaruruwan shekaru, kuma duk yadda kuɗin ya shigo da inda ya kwana da wanda ya ci da wanda ya sha wahala yana nan a jikin titunan, sai dai ba ya bayyana kansa sai da mai nuna maka. Shi ya sa ɗaukar ɗan jagora naka na kanka yake da amfani a nan, amma fa in ka san me za ka sa shi ya yi, don in ka bar shi da kansa zai iya karanto maka shekaru da sunayen sarakuna awa biyu ka fito kanka ya cika ba ka riƙe komai ba.

Ka fara sanin ɗan abu kafin ka je

Kada ka biya mutum kuɗin awa don ya gaya maka abin da za ka iya karantawa a cikin jirgi. Ga shi a taƙaice. An kafa Lubek a 1143, gobara ta ci ta, sai wani basarake da ake kira Heinrich der Löwe ya sake kafa ta a 1159. A 1226 babban sarkin daular da Jamus take ciki a lokacin ya ba ta 'yanci, wato ba ta ƙarƙashin kowane basarake sai shi kaɗai, kuma ta riƙe wannan matsayi kusan ba yankewa har 1937 lokacin 'yan Nazi. Tsohon garin tsibiri ne, ruwa ya zagaye shi, kogin Trave ne ya haɗa shi da tekun Baltik. A ƙarni na 14 in ka cire birnin Kolon babu garin da ya kai ta girma a Jamus.

Abin da ya ɗaga ta shi ne ƙungiyar Hansa, haɗakar 'yan kasuwa da garuruwansu wadda a lokacin ƙarfinta ta haɗa garuruwa kusan 200, kuma a Lubek ake taron ƙoli, na farko a 1356 na ƙarshe a 1669. Suna da manyan masaukai huɗu a ƙasashen waje, a Landan da Buruj ta Beljiyam ta yanzu da Bergen ta Nowe da Nobgorod ta Rasha, kusan yadda zango yake wa fataken Hausawa a Kumasi ko Salaga, unguwarsu ce da shugabanninsu da dokarsu a cikin garin wasu. Wannan ya ishe ka, sauran ka bar wa ɗan jagora.

Nemo mutumin

Hanya mafi sauƙi ita ce ofishin baƙi na garin, yana dab da Holstentor, wato ƙofar nan mai hasumiya biyu, kuma suna da shafi a intanet, suna haɗa mutum da masu jagora da suka yi kwas. Kalmar da za ka nema ita ce Stadtführer ko Gästeführer, in kuma ka ga mutum ya rubuta yana cikin BVGD to ƙungiyar masu jagora ta ƙasar ce, alama ce mai kyau. Akwai kuma manhajojin yawon buɗe ido da suke sayar da irin wannan zagaye, suna aiki, sai dai su ma suna cire nasu kason kuma sau da yawa ba ka sanin wa za a turo maka sai ranar, ni kam na fi son wanda zan yi magana da shi kai tsaye ta imel kafin a haɗu.

Ka nemi mutum da wuri, musamman daga Mayu zuwa Satumba da kuma Disamba lokacin kasuwar Kirsimeti, don garin yana cika. Yawanci kuɗin na rukuni ne ba na kai ɗaya ba, kuma da awa ake lissafi, to in kun kai ku huɗu ko biyar kuka raba sai ka ga abin bai fi ƙarfin kowa ba. Ka tabbatar da yaren, mafi yawa Jamusanci da Turanci ne, 'yan uwa na Nijar da Kamaru da Chadi ku tambayi mai Faransanci, ana samu amma ba su da yawa sai an yi saurin kama su. Sannan ka tambaya ko kuɗin shiga wurare yana ciki, galibi ba ya ciki, da kuma kwana nawa kafin ranar za ka iya fasawa ba a ci kuɗinka ba.

Imel ɗin da za ka tura masa shi ne rabin aikin. Ka rubuta masa a fili cewa tarihin kasuwanci kake so, kana so ku bi kaya daga bakin ruwa zuwa gidan attajiri zuwa majalisa zuwa lungunan talakawa, kuma kana son shiga lungunan da ake kira Gänge und Höfe. In akwai tsoho a cikinku ko mai keken yara ka faɗa, in ba ka son shiga coci ka faɗa tun yanzu ya shirya yi maka bayani daga waje, in za ku tsaya sallah ka faɗi lokacin. Bajamushe ba ya jin haushin a gaya masa abu kai tsaye, canjin tsari ana tsakiyar tafiya ne yake ɓata masa rai.

Awa nawa? Awa biyu ita ce da aka saba, amma ga wannan tsarin ka nemi uku. Fiye da haka ƙafa za ta gaji kuma kunne zai daina ɗauka.

Rana da shiri

Ka guji Litinin in za ka iya don gidajen tarihi da yawa a Jamus suna hutawa ranar, Lahadi kuma shaguna a rufe suke kuma da safe ana ibada a coci-coci ba a zagayawa. Talata zuwa Asabar da misalin ƙarfe goma ya fi. A hunturu kafin ƙarfe huɗu da rabi duhu ya fara, a bazara kuwa har kusan goman dare da haske. Takalmi mai faɗin ƙasa, don titunan da duwatsu aka shimfiɗa su kuma in an yi ruwa suna santsi, mata a ajiye mai tsini a gida. Rigar ruwa ta fi lema saboda iskar teku. Ka riƙe tsabar kuɗi da 'yan silalla, har yanzu akwai wuraren da ba sa karɓar kati, ban-ɗakin jama'a ma biya ake yi. Kuma don Allah ka isa kafin lokaci da minti goma, in an ce ƙarfe goma to agogonsa ya fara gudu ƙarfe goma ko ka zo ko ba ka zo ba.

Daga tasha zuwa Holstentor ba ya wuce minti goma a ƙafa, ka ce masa nan za ku haɗu.

Ƙofa da sitocin gishiri

Holstentor an gina ta daga 1464 zuwa 1478, ita ce a jikin tsohuwar takardar kuɗin Jamus ta Mark 50 da kuma wata silallar yuro biyu ta 2006. Ka tsaya daga gefe ka kalle ta, za ka ga ta karkace ta nutse, ƙasar wurin taɓo ce kuma ginin ya yi mata nauyi. Ka sa ya nuna maka bambancin fuskokinta biyu, ta waje bango mai kauri da ƙananan kafofi na harbi, ta cikin gari kuma tagogi da ado. A 1863 saura ƙiris a rushe ta, da ƙuri'a ɗaya tak majalisar garin ta rinjaya aka bar ta. Minti goma ya isa a nan, akwai gidan tarihi a ciki amma kada ka shiga da ɗan jagora.

Inda za ka ba da lokaci shi ne nan kusa a bakin ruwa, gidaje shida na jan bulo a jere da ake kira Salzspeicher, sitocin gishiri, waɗanda suke tsaye yanzu an gina su ne tsakanin ƙarni na 16 da na 18. Nan ne asalin arzikin. Gishirin daga Lüneburg yake zuwa ta kudu, da farko a kan amalanke, daga 1398 kuma ta wani magudanar ruwa da aka haƙa mai suna Stecknitz. Me ake yi da shi haka? Kifi. Duk shekara ana kama wani ƙaramin kifi da suke kira Hering tuli a gaɓar Skane, kudancin Suwidin na yanzu wanda a lokacin na Denmak ne, kuma ba firji, in ba a sa masa gishiri an danna a ganga ba kwana kaɗan ya lalace. Ga shi Kiristocin Turai na lokacin suna da ranakun azumi da yawa a shekara da ba a cin nama amma ana cin kifi. To ka ga mai gishiri a hannu ɗaya da jirgi a ɗaya hannun shi ne da kasuwa, kuma 'yan Lubek ne a tsakiya. Ka tambaye shi nawa ake cire wa kaya na haraji, wa yake duba ingancin ganga, me ake yi wa wanda aka kama ya cika tsakiyar ganga da ruɓaɓɓen kifi, irin waɗannan tambayoyin ne suke fito da ɗan jagora daga haddar da ya saba.

In kana da ƙarfi ka hau hasumiyar cocin Petri da ke kusa, akwai lif, wajen kallon yana da tsayin mita 50 kuma daga can za ka ga tsibirin gaba ɗaya da hasumiyoyi bakwai da aka san garin da su. Amma shawarata ka hau kai kaɗai kafin ku haɗu ko bayan kun rabu, layin lif bai cancanci kuɗin awa ba.

Bakin ruwa da gidan attajiri

Daga nan ku bi titin An der Untertrave, nan ce tsohuwar tashar jiragen. Jirgin Hansa na asali sunansa Kogge, mai faɗin ciki da filafili ɗaya, ba don gudu aka yi shi ba don ɗaukar kaya. Abin da ake saukewa a nan, fatun dabbobi da kakin zuma daga Nobgorod, yadi daga Filandas da Ingila, hatsi da katako daga gabas, da kuma busasshen kifi daga Bergen, wanda shi ne dai kifin nan mai tauri kamar itace da har yau Nowe take turowa Najeriya, wanda 'yan kudu suke kira okporoko. Tun wancan zamanin ake kasuwancinsa.

Ka lura da titunan da suke gangarowa zuwa ruwa, da yawa sunansu yana ƙarewa da grube, irin su Engelsgrube da Fischergrube da Beckergrube, wuraren da fadama ce aka cike ta don gari ya samu fili. Ku hau ta Mengstraße, nan za ka ga gidajen attajirai, siraran fuska masu tsawo da saman da aka yi kamar matakala. Ka roƙi ɗan jagora ya samo maka ɗaya da za a iya leƙawa ciki, wasu sun zama shaguna ko gidajen abinci, shi ya san wanda ba za a kore ku ba. Da ka shiga za ka ga wani makeken zaure mai tsayin rufi da suke kira Diele, nan ake auna kaya ake ciniki, benayen sama duk sito ne, akwai babban wili na katako da igiya da ake jawo buhu da ganga sama ta wata ƙofa a rufi, iyalin kuma suna wani ɓangare da aka miƙa ta baya. Wato gidan na kaya ne kafin ya zama na mutane. A lamba 4 na titin ne gidan kakannin marubuci Thomas Mann wanda ya ci kyautar Nobel a 1929, kallon fuskarsa ya isa in ba adabi ne ya kawo ka ba.

Tsakanin nan da cocin Marien akwai unguwar da ake kira Gründungsviertel, mafarin garin, bam ya share ta a yaƙin duniya na biyu, daga baya masu haƙar tarihi suka shafe shekaru suna tono a wurin kafin a sake gina sabbin gidaje a kan tsofaffin filayen. Ka ce ya nuna maka yadda ake gane sabo da tsoho, don daga nan idonka zai buɗe ka daina ɗaukar kowane jan bulo a matsayin na shekara ɗari bakwai.

Majalisa da cocin 'yan kasuwa

Rathaus, wato gidan majalisar garin, yana bakin kasuwa, da baƙin bulo mai sheƙi da wani bango da aka huda masa manyan ramuka don iska ta wuce kada ta ture shi. A wancan zamanin attajirai ne suke mulki a nan, masu sana'ar hannu ba su da kujera, kuma dokar garin ta yi suna har garuruwa kusan 100 a gaɓar Baltik suka ɗauke ta, in shari'a ta gagare su nan suke ɗaukaka ƙara. Ƙarfinsu ya kai su yi yaƙi da sarkin Denmak Valdemar na huɗu su ci shi, aka yi sulhun Stralsund a 1370. A cikin ginin akwai zauren da ake shari'a da ƙofofi biyu, doguwa da gajera, ana cewa wanda aka wanke ta doguwar yake fita da hularsa a kai, wanda aka kama da laifi sai ya sunkuya. Shiga ciki da lokutansa ne kuma da tikitinsa daban, to ka tambaya tun a imel ko zai iya daidaita muku.

A bayansa cocin Marien take, kuma ko kai ba mai shiga coci ba ne ka saurari labarin don siyasa ce zalla. Bishop yana da nasa babban cocin a kudancin tsibirin, sai 'yan kasuwa suka gina nasu a jikin majalisarsu tsakanin wajen 1250 da 1350 suka tabbatar ya fi na bishop tsayi. Yankin ba shi da dutsen gini, da bulon ƙasa suka yi, amma suka ɗaga rufin ciki mita 38 da rabi, babu rufin bulo irinsa da ya kai shi tsawo a duniya, hasumiyoyin kuma wajen mita 125. Coci-coci da dama a garuruwan Baltik kwaikwayonsa suka yi. Ana biyan 'yan yuro a ƙofa, maza a cire hula, a rage murya.

Abin da kowa yake tsayawa a kai a ciki shi ne ƙararrawa biyu da suka faɗo daga hasumiya. Daren 28 zuwa 29 ga Maris 1942 jiragen Ingila suka yi wa garin ruwan bam, wajen kashi ɗaya cikin biyar na tsohon garin ya ƙone, ƙararrawan suka faɗo suka farfashe suka nutse a daɓe, kuma an bar su a inda suka faɗa har yau. Zai kuma gaya maka cewa shahararren makaɗin nan Bach tun yana saurayi ya tako daga Arnstadt a 1705, tafiyar wajen kilomita 400 a ƙafa, don ya ji mai kiɗan wannan cocin, wani mai suna Buxtehude. A waje akwai ɗan mutum-mutumin shaiɗan zaune a kan dutse da labarinsa na ban dariya wai yaudararsa aka yi ya taya gini yana zaton gidan giya ne, masu jagora suna son labarin, ba shi minti biyu ku wuce.

Lungunan, inda kuɗinka yake fita

In za ka rage wani abu cikin tafiyar kada ka rage wannan. Tsibiri ba ya ƙaruwa amma mutane suna ƙaruwa, 'yan dako da ma'aikatan jirgi da masu wanki duk suna buƙatar wurin kwana, sai masu gidaje suka huda ƙananan hanyoyi ta ƙarƙashin gidajensu na gaba suka gina ƙananan ɗakuna a filin baya suna ba da haya. Waɗannan su ne Gänge. A da sun kai wajen 180, yanzu kusan 90 suka rage. Mashigar wasu sai ka sunkuya, faɗinta da ƙyar mutum biyu su gifta, kuma masu jagora za su ce maka ƙa'idar ita ce dai makara ta iya fita. Kai kaɗai za ka wuce goma ba ka lura ba don kamar ƙofar gidan wani suke, wasu ma da lokacin buɗewa da rufewa, shi ne aikin ɗan jagora, ya san wanda yake buɗe da wanda mazaunansa suka gaji da baƙi.

Yau wuraren sun zama abin sha'awa, an yi fenti, ga furanni ga benci, gidajen ma tsada suke. Ka ce ya kwatanta maka yadda suke a da, iyali guda a ɗaki ɗaya, danshi, rijiya da masai kusa da juna, annoba in ta shigo ta nan take fara ɗiba. In bai kawo wannan da kansa ba kai ka tambaya, don wasu suna tsayawa ne a kan kyan wurin kawai.

Höfe kuma daban ne, gidaje ne da attajirai suka yi wasiyya a gina don gwauraye mata da marasa ƙarfi. Mafi kyau shi ne Füchtingshof a titin Glockengießerstraße, na 1639, don matan 'yan kasuwa da na masu jirgi da mazajensu suka mutu, da ƙofarsa mai ado da sunan mai bayarwa a sama kowa ya gani. Glandorps Hof yana nan kusa. Har yanzu mutane ne suke zaune a ciki, to kada ka leƙa taga, kada ka ɗau hoton mutum ko cikin ɗakinsa, kada ku shiga kuna hayaniya, Jamusawa ba sa wasa da maganar hoto.

Arewa: asibiti da masu jirgi

Ku ƙarasa dandalin Koberg. Nan Heiligen-Geist-Hospital yake, an gama shi a 1286, attajirai ne suka kafa don tsofaffi da marasa lafiya, yana cikin mafi daɗewa irinsa a Turai. A cikin dogon zauren akwai ƙananan ɗakuna na katako a jere da aka yi a 1820, kowanne bai wuce gado da kujera ba, kuma tsofaffi sun zauna a cikinsu har 1970. A gefe cocin Jakobi ce ta ma'aikatan jirgi, a ciki an ajiye fasasshen kwalekwalen ceto na jirgin Pamir da ya nutse a tekun Atlantika a 1957, mutum 80 suka mutu shida suka tsira. Tsallaken titi kuma gidan ƙungiyar masu jirgi ne, Schiffergesellschaft, na 1535, yanzu gidan abinci ne, da dogayen bencina da ƙananan jirage rataye a rufi, ko ba za ka ci ba ɗan jagora zai iya roƙa muku ku leƙa in ba lokacin cunkoso ba ne.

Nan ya kamata ku rabu. Kafin ya tafi ka tambaye shi abu biyu, inda za ka ci abinci da ba na 'yan yawon buɗe ido ba, da masallacin da ya fi kusa in kana buƙata, akwai su a garin, yawanci Turkawa ne suke riƙe da su. In ya yi ƙoƙari ka ƙara masa ɗan wani abu a hannu, suna kiransa Trinkgeld, ba dole ba ne amma an saba, wajen kashi goma cikin ɗari ba laifi.

Abin da za ka yi kai kaɗai bayan nan

Europäisches Hansemuseum yana gaba kaɗan kusa da ƙofar arewa ta Burgtor, an buɗe shi a 2015, an sake gina kasuwannin Nobgorod da Buruj da Bergen da Landan ɗaki-ɗaki kana ratsawa, kuma akwai bayani da Turanci. Ka ware masa awa biyu, kuma bayan zagayen ne ya fi daɗi ba kafin ba, don a lokacin ka riga ka ga wuraren da idonka. In siyasa ta fi jan ka, gidan tunawa da Willy Brandt yana Königstraße, ɗan garin ne, ya yi shugaban gwamnati ya kuma ci Nobel ta zaman lafiya a 1971. Günter Grass ma da ya ci ta adabi a 1999 yana da nasa gidan a titin da Füchtingshof yake.

Maganar abinci, arewacin Jamus ƙasar kifi ce to da sauƙi, Fischbrötchen burodi ne da kifi a tsakiya, mai arha kuma yana ƙosarwa. In ba ka cin alade ka haddace kalmomi uku, Schwein da Speck da Schinken, kuma ka tambaya game da soyayyen dankali don sau da yawa da Speck ake soya shi ba a rubuta ba. Rotspon da za ka ga ana talla a ko'ina jan giya ne. Ita kuwa alewar marzipan, ta almon da sukari, shagon Niederegger da ke fuskantar majalisa tun 1806 kamfanin yake yin ta, ka juya bayan kwalin ka karanta kafin ka saya wa mutanen gida tsaraba, don a wasu nau'o'in za ka ga an rubuta Alkohol a jerin kayan haɗi, ka tambayi mai shagon wanda babu.

In rana ba ta faɗi ba kuma da sauran ƙarfi, jirgin ƙasa yana kai ka Travemünde cikin wajen minti ashirin da wani abu, nan kogin yake shiga teku, kuma jirgin Passat ɗan uwan Pamir yana ɗaure a can ana hawa a gani a lokacin bazara. In kun kai ku biyu zuwa biyar ka duba Schleswig-Holstein-Ticket tun a Hambag, tikitin yini ne na rukuni da yake ɗaukar zuwa da dawowa har da Travemünde a jiragen yanki, sai dai ranakun aiki daga ƙarfe tara na safe yake fara aiki, to in haka ne ka sa haɗuwarku da ɗan jagora ƙarfe goma da rabi ko sha ɗaya.